Adamu Halilu: Daga Motar Majigi Zuwa Fim Ɗin Shaihu Umar



Duk lokacin da aka tashi ba da tarihin fim ɗin Hausa, akasarin mutane sukan faro ne daga shekarar 1990, lokacin da ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da Turmin Danya a kaset ɗin bidiyo. Wannan haka yake idan ana maganar kasuwar da a yau ake kira Kannywood. To amma fa kafin zuwan kaset an yi zamanin majigi, kuma a wancan zamani akwai wasu ma'aikatan gwamnati da suka shafe shekaru suna yawo da kyamara a ƙasar Arewa, suna ɗaukar manoma da makiyaya da sarakuna da ministoci. Babba daga cikinsu shi ne marigayi Alhaji Adamu Halilu, wanda aka haifa a 1936, Allah ya yi masa rasuwa a 2001. Masu karatun littattafan Hausa sun fi saninsa da cewa shi ne ya mayar da littafin Shaihu Umar fim. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne, yawancin rayuwarsa ta aiki ya yi ta ne a fagen finafinan gaskiya, wato waɗanda ake shiryawa kan al'amuran jama'a da na mulki, har ana ƙiyasta cewa ya sa hannu a kusan guda 70 irinsu. Tarihin aikinsa kuwa ba zai fahimtu ba sai an fara sanin gidan da ya koyi sana'ar, da kuma wanda yake biyan kuɗin aikin.

Asalin majigi

Kalmar majigi ta samo asali ne daga sunan da Turawa suke kiran wata fitila mai haska hoto a jikin bango. Wanda ya fi kowa tasiri wajen mayar da ita makamin gwamnati a Nijeriya shi ne wani Bature jami'in kiwon lafiya mai suna William Sellers, wanda tun ƙarshen shekarun 1920 ya fara amfani da fim a Legas don faɗakar da mutane kan annobar da ɓeraye ke yaɗawa. Da Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke a 1939, sai gwamnatin Ingila ta kafa sashen shirya finafinai na ƙasashen da take mulka, ta ɗora Sellers a kansa. Manufar farko ita ce a nuna wa talakawan Afirka ƙarfin Ingila, a samu sojoji da gyaɗa da auduga da kuza. Bayan yaƙi aka karkata ga tsabta da noma da ilimi, aka buɗe makarantar koyar da 'yan ƙasa aikin fim a birnin Akara a 1948, sannan aka kafa wa Nijeriya nata sashen a 1949.

Sellers yana da wasu ƙa'idoji da ya shimfiɗa wa masu shirya waɗannan finafinai, kuma tushensu raini ne. A ganinsa mutumin karkara ba zai iya bin hoto mai sauri ba, saboda haka a bar kyamara a tsaye, a ja kowane zango da tsawo, a rage yawan mutane a cikin hoto, kada a yi wata dabara. Turawan sashen sun yi ta yaɗa labarin wasu 'yan kallo da aka nuna wa fim kan tsabta, da aka tambaye su abin da suka gani sai suka ce kaza, domin wata kaza ta gilma a gefen hoton. Labarin ya zame musu hujja, alhali kuwa duk wanda ya san ƙauye ya san cewa lura da kazar da ta ratsa tsakar gida alama ce ta kaifin ido. Daga nan ne kuma aka samu tsarin labarin nan na mutum biyu, mai wayo da wawa: ɗaya ya bi shawarar malamin gona ko na asibiti ya ga alheri, ɗaya ya ƙi ji ya ga hoho. Wannan shi ne gadon da 'yan ƙasa irin su Adamu Halilu suka tarar.

Yadda ake nuna majigi

Motar majigi gida ce guda mai tafiya. A cikinta akwai injin ba da wuta, da na'urar haska fim, da farin allo, da lasifika, da gwangwanayen faifai. Ma'aikatanta kuma direba ne da mai kula da inji da mai sharhi. Ta hannun En'e ake tsara rangadinta, a aika wa hakimi, hakimi ya sanar da dagatai, sanƙira ya yi shela. Idan duhu ya shiga sai a kafa allo a fili, galibi a ƙofar gidan hakimi ko dagaci, jama'a su taru su kalla kyauta. Akan fara da labarun ƙasa, a biyo da fim na koyarwa, a rufe da wani abin nishaɗi. Dattawa da dama har yau suna tuna Baban Larai, fim ɗin shekarun 1950 da ke koyar da ingantaccen noma, musamman na auduga.

Wannan tsari ya bai wa majigi wata martaba da gidan sinima bai samu ba. A Kano an buɗe sinimar Rex a 1937, kuma tun farko malamai da iyaye suna kallon irin waɗannan wurare a matsayin matattarar 'yan iska. Gobarar sinimar El-Duniya ta ranar 13 ga Mayu, 1951, wadda ta ci rayuka 331, ta ƙara wa mutane tsoron abin. Majigi kuwa da izinin sarki take zuwa, a ƙofar fada ake kallonta, yaro zai je uba bai hana ba. Masanin nan Brian Larkin, wanda ya yi bincike a Kano ya fitar da littafi a 2008, ya nuna yadda waɗannan hanyoyi biyu na kallo suka tafi kafaɗa da kafaɗa, ɗaya ta kasuwa, ɗaya ta hukuma.

Mu ɗauki gari kamar Jahun, wanda a wancan lokaci gunduma ce a ƙarƙashin En'e ta Kano, ko garuruwan ƙasar Haɗeja da ke bakin kogi. Jirgin ƙasan da ya isa Nguru a 1930 ta Ringim da Malam Madori ya bi, ya bar ƙauyukan fadama a gefe, kuma da damina ruwa kan yanke hanyoyinsu. Jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fitowa a 1939, sai mai karatun boko ko wanda aka karanta wa. Talabijin ɗin da aka buɗe a Kaduna a 1962 kuwa ta 'yan birni ce masu wutar lantarki. Ke nan a irin waɗannan wurare, idan manomi ko masunci ya ga fuskar Firimiya tana motsi, ko ya ga ginin majalisar Kaduna, to a allon majigi ya gani. Duk wanda ke tsara abin da za a haska a wannan allo, shi ke yanke wa mutanen karkara kamannin gwamnatinsu.

Shigowar Adamu Halilu

A Garkiɗa aka haifi Adamu Halilu, cikin Jihar Adamawa ta yanzu. Ya yi karatun rubuta labarin fim da tace hoto a Landan da kuma birnin Rum, ya yi aiki a sashen finafinai na gwamnatin Jihar Arewa da ke Kaduna. Ya kamata mai karatu ya lura da waɗannan fannoni biyu da ya karanta, domin su ne ƙashin bayan fim ɗin gaskiya. Mai kyamara yakan ɗauko abin da ya tarar ne kawai. Marubuci shi ke faɗa masa inda zai je tun farko, mai tacewa kuma shi ke zama a ɗaki da almakashi da gam yana yanke faifai yana haɗawa, ya sa hoton rijiyar burtsatse bayan hoton minista, ya sa tafin jama'a bayan jawabi, har mai kallo ya haɗa ma'anar da kansa ba tare da an furta masa ba. A nan siyasar fim take kwana. Mutumin da ya iya rubutu ya kuma iya tacewa, to ya riƙe wuƙa da nama.

Lokacin da ya shigo fagen, Arewa tana cikin sauyi. Ta samu mulkin kai a ranar 15 ga Maris, 1959, Nijeriya ta samu 'yanci a 1960, kuma gwamnatin Sardauna Ahmadu Bello tana gaggawar maye gurbin Turawa da 'yan Arewa a kowace ma'aikata. Fim ɗin Giant in the Sun, wanda aka yi wa ma'aikatar watsa labarai ta Arewa a 1959 don tallata yankin a idon duniya, Bature ne ya ba da umarninsa. Cikin 'yan shekaru kaɗan sai ga ɗan ƙasa yana jagorantar irin wannan aiki. A 1963 Adamu Halilu ya fitar da Mama Learns a Lesson, wato Mama ta koyi darasi, wanda ake lissafawa cikin finafinan farko da ɗan Arewa ya ba da umarninsu. Sunan kaɗai ya isa ya nuna cewa tsarin koyarwa na zamanin Sellers bai mutu ba. Bambancin shi ne yanzu mai tsara labarin ya san gidan da yake ɗauka, ya san yadda uwa take magana da 'yarta, ya san abin da zai ba mutane dariya da abin da zai ɓata musu rai.

Abin da allo ya nuna da abin da ya ɓoye

Dole a faɗi gaskiya, sashen finafinan Arewa kakakin gwamnati ne, gwamnatin kuma ta jam'iyyar NPC ce. Labarun ƙasa da ake fara majigi da su cike suke da rangadin Sardauna, da buɗe makarantu da asibitoci da masaƙu, da hawan daba, da tarbar baƙi a filin jirgi. A ɗaya gefen kuma ga jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta, 1950, wadda Malam Aminu Kano ya jagoranta, 'ya'yanta suna shan ɗauri da bulala a kotunan alƙalai, suna neman izinin taro a hana su. Wannan ɓangare na rayuwar Arewa ba aikin motar majigi ba ne ta nuna shi. Motar da En'e ke tsara wa hanya, ta sauka a ƙofar hakimi, ba za ta haska kukan wanda hakimin ya ɗaure ba. Da waƙa da lacca a kasuwa da 'yan takardu NEPU ta yi nata yaƙin.

Duk da haka, kuskure ne a tattara aikin su Adamu Halilu a kira shi farfaganda kawai a watsar. Cututtukan da ake faɗakarwa a kansu na gaske ne, mutuwar mata wajen haihuwa ta gaske ce, bushiyar da ke karkashe shanu ta gaske ce, har sai da ƙasashen yankin tafkin Cadi suka haɗa kai suka fara gagarumin rigakafinta a 1962. Yaƙi da Jahilci ma da gaske aka yi shi. Mai shirya fim a irin wannan ma'aikata yana tsaka mai wuya ne: kayan aiki na gwamnati, albashi na gwamnati, allo na gwamnati, amma idan yana da kishi yakan nemi 'yar kafar da zai faɗa wa jama'arsa abin da zai amfane su. Finafinansa na farkon shekarun 1970 sun nuna haka. Back to Land kira ne na komawa gona, Child Bride kuma, wanda ya fito a 1971, ya taɓo auren ƙananan yara, batun da har gobe ba kowane mai fim ke da ƙarfin halin tunkararsa ba.

A tsakanin nan ƙasar da ya fara yi wa aiki ta rushe. An kashe Sardauna da Firayim Minista Abubakar Tafawa Ɓalewa a juyin mulkin Janairun 1966, sannan a watan Mayun 1967 aka raba Jihar Arewa gida 6. Ma'aikatun da ke Kaduna aka yi ta rabon gadonsu, kowace sabuwar jiha ta kafa tata ma'aikatar watsa labarai, gwamnonin soja suka maye gurbin Firimiya a kan allo. Salon dai bai sauya ba: a nuna ranar aza harsashi, a nuna ranar yanke ƙyalle.

Mutanen kogin Haɗeja sun fi kowa sanin illar wannan salo. A zamanin Gwamna Audu Baƙo aka gina madatsar ruwa ta Tiga, aka kammala a 1974, daga baya aka ƙara ta Challawa a 1992. Ayyuka ne manya da suka kawo noman rani a Kadawa da ruwan sha a Kano, kuma sun dace da kyamara ƙwarai. Amma abin da ya biyo baya a ƙasan kogi a hankali ya zo, shekara bayan shekara: ambaliyar da ke ciyar da fadamu ta sauya lokaci da yawa, ciyawar kacala ta toshe hanyoyin ruwa, wasu gonaki suka bushe, wasu suka nutse, masunta da makiyaya da manoman shinkafa suka shiga takun-saƙa. Irin wannan labari ba shi da ranar buki, babu ministan da zai gayyaci masu kyamara su zo su ɗauka. Gurbin da fim ɗin gwamnati ya bari ke nan, kuma shi ne gurbin da fim ɗin gaskiya mai zaman kansa ya kamata ya cike.

Shaihu Umar

Kololuwar aikin Adamu Halilu ta zo ne a 1976. Kuɗin mai ya shigo, Nijeriya tana shirin karɓar baƙuncin bikin al'adun baƙar fata na duniya, wato FESTAC, wanda aka yi daga 15 ga Janairu zuwa 12 ga Fabrairu, 1977, a Legas, tare da gagarumin hawan daba a Kaduna. Gwamnatin tarayya ta ɗauki nauyin fim ɗin da zai wakilci ƙasa, aka zaɓi Shaihu Umar. Littafin yana cikin guda 5 ɗin nan da suka fito daga gasar da Rupert East ya shirya a Zariya a 1933, tare da Ruwan Bagaja da Ganɗoki da Idon Matambayi da Jiki Magayi. Umaru Ladan da Dexter Lyndersay sun riga sun mayar da shi wasan kwaikwayo na dandali, kuma Umaru Ladan ɗin ne ya fito a matsayin Shaihu a cikin fim ɗin, wanda tsawonsa ya kai minti 142, da Hausa tsantsa.

Masu karatu sun san labarin: yaro daga Kagara, makircin da ya kori Makau mijin uwarsa, satar yaron, zamansa a hannun Balarabe Abdulkarim, tafiya Ber Kufa, da uwar da ta bi sawun ɗanta ta ratsa hamada ita ma ta faɗa cikin bauta. Abin lura shi ne nauyin zaɓin. A bikin da aka shirya don baƙar fata su yi alfahari da kansu, Nijeriya ta gabatar da labarin cinikin bayi na cikin gida da na hamada, wanda marigayi Firayim Ministanta ya rubuta, shekara 11 bayan kashe shi. Kuma ba tsohon zance ba ne can, domin sai a 1936, shekarar da aka haifi Adamu Halilu, doka ta kammala soke bauta a Arewacin Nijeriya. Wanda ya kalli fim ɗin zai ga hannun mutumin da ya daɗe yana ɗaukar rayuwa yadda take: natsuwa wajen nuna zaman almajirai gaban malami, da sutura, da fada, da ayarin raƙuma. Haƙurin da aka koya masa a matsayin ƙa'idar raini, shi ya juya ya zama kwarjinin fim ɗin.

Bayan wannan ya yi Kanta of Kebbi a 1978, kan Muhammadu Kanta wanda ya kafa daular Kabi a ƙarni na 16 ya gina birnin Surame, sannan Moment of Truth a 1981. Da gwamnati ta kafa Hukumar Finafinai ta Nijeriya da dokar soja a 1979, shi aka fara naɗawa babban manajanta. Sai dai zamanin ya riga ya fara juyawa. Farashin mai ya faɗi, tsarin tsuke bakin aljihu na 1986 ya karya darajar naira, sayen ɗanyen faifai da kai shi waje a wanke ya gagari kowa. An ɗan ci gaba da ƙoƙari, kamar Ƙasarmu Ce na Saddiq Tafawa Ɓalewa a 1991 da Kulɓa Na Ɓarna na Brendan Shehu a 1992, amma kaset ɗin bidiyo ya riga ya karɓe fage.

Ɓata da samuwa

Abin takaici shi ne, shekaru da dama an ɗauka Shaihu Umar ya ɓata. Mutane suna jin labarinsa, ɗalibai suna rubuta sunansa a takardun jarrabawa, amma babu mai iya cewa ga inda za a kalle shi. Sai a 2016 aka gano faifansa a cikin tarin gwangwanaye masu tsatsa a tsofaffin ɗakunan hukumar finafinai a Legas, bisa ƙoƙarin mai shirya fim kuma mai sharhi Didi Cheeka da abokan aikinsa. Cibiyar Arsenal ta birnin Balin ta gyara shi da tallafin gwamnatin Jamus, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a watan Fabrairun 2018. Wato fim ɗin da Nijeriya ta yi da kuɗinta don ta nuna wa duniya kanta, sai da baƙi suka sa hannu kafin jikokin masu shi su gan shi.

Faifan fim ba ya jira. Idan zafi da laima suka kama shi yakan fara tsami yana wari, ya motse, ya manne, hoton ya narke, kuma idan ya kai wani mataki babu injin da zai dawo da shi. Shaihu Umar ya tsira ne domin yana da suna. Sauran gajerun finafinan nan kusan 70, da labarun ƙasa na zamanin Sardauna, da abin da ma'aikatun jihohi suka ɗauka bayan 1967, su ne abin ji. Ko da an yi su ne don yabon gwamnati, a bayan ministan da ke yanke ƙyalle akwai kasuwa, akwai ganuwa, akwai irin ɗinkin riguna da ɗaurin ɗankwali, akwai kogi yadda yake kafin madatsa, akwai fuskokin kakanninmu. A yau wannan na bayan ya fi na gaban daraja. Akwai ma'ajiyar finafinai ta ƙasa a Jos, kuma Jami'ar Jos ta fara koyar da aikin adana fim tare da haɗin gwiwar Jamusawa, amma aikin ya fi ƙarfin hukuma ɗaya. Jihohin Arewa, har da Jigawa wadda sai a 1991 aka cire ta daga Kano, suna da haƙƙin su bincika ɗakunan ajiyar ma'aikatunsu da na iyayen jihohinsu, su nemi kason tarihinsu tun kafin ya zama gari.

Saura kuma marubuta da matasa masu kyamara. A zamanin Adamu Halilu sai gwamnati ce ke da ikon sayen faifai da mota da inji, shi ya sa ita ke zaɓen abin da za a gani. Yanzu wayar da ke aljihun ɗan makaranta a Jahun ko Auyo ko Guri ta isa ta ɗauki hoton da za a kalla a ko'ina, kamar yadda aka gani lokacin ambaliyar 2020 da ta 2022. Abin da ya yi ƙaranci shi ne abin da marigayin ya je Landan da Rum ya koyo: a zauna a rubuta, a koma wuri ɗaya sau da yawa, a saurari masunci da manomi da makiyayi da injiniyan madatsa, sannan a tace da adalci. Shi ya yi nasa da kayan wani, a ƙarƙashin idon wani, kuma duk da haka ya bar mana Shaihu Umar. Allah ya jiƙan Alhaji Adamu Halilu, ya gafarta masa, mu kuma ya ba mu ikon riƙe abin da suka bari. Amin.